Moriyar Ganga: Bashin Da Tsofaffin 'Yan Wasa Suke Bin Mu

Shekarar da na gama sakandare, ina zaman jiran sakamakon jarrabawa, na kafa 'yar sana'a a wata rumfa kusa da tashar jirgin ƙasa ta Birniwa. Jarina bai wuce tsohuwar kwamfutar da yayana ya bar mini ba, sai benci ɗaya, sai wutar da nake ja daga janareton mai cajin waya. Sana'ar kuwa turin fim ce. Mutum ya miƙo memori, in zuba masa fina-finan Hausa biyar ko goma, ya ba ni 'yan canji ya kama gabansa. Ranar kasuwa har layi ake yi mini, musamman da kaka, idan an sayar da riɗi aljihu ya yi nauyi. Da kuɗin turin nan na sayi takardar neman shiga jami'a, inda na karanta ilimin kwamfuta, kuma da ilimin nake ci nake sha yau a matsayin mai rubuta manhaja. A duk tsawon zamana a rumfar nan ban taɓa tambayar kaina ko sisin kwabo daga cinikina yana isa hannun mutanen da nake sayar da fuskokinsu ba.

Babbar mai cinikina ba ta biyan ko anini. Ita ce Goggo, ƙanwar mahaifina. Bayan sallar isha'i matan gidanmu sukan kewaye waya ɗaya a kan tabarma, Goggo a tsakiya tana sharhi. Ba wadda ta tsana kamar Saratu Giɗaɗo, wato Daso. Da ta bayyana a fuskar waya sai Goggo ta fara: "Kai ɗan nan, dubi muguwar matar nan, ko tsoron Allah ba ta yi." Amma ran da na kawo fim ɗin da babu ita, sai ta dube ni ta ce, "Wannan salaf yake, ba Daso a ciki ne?" Goggon nan dai, da aka ce wata yarinya a unguwarmu tana son tafiya Kano ta shiga fim, cewa ta yi gidan mutunci ba ya fitar da 'yar fim. Ta faɗa da yamma, da dare kuma ta zauna ta yi kallonta har batir ya mutu.

Na manta da wannan duka sai a watan Fabrairun 2022, lokacin da Sashen Hausa na BBC ya yi hira da Hajiya Ladin Cima, wadda da yawa suka fi sani da Tambaya. Dattijuwa ce da take wasan kwaikwayo tun zamanin wasannin talabijin na Kano, kafin a san kaset ɗin fim ɗin Hausa. A hirar ta bayyana cewa abin da ake sallamarta da shi bayan aiki 'yan dubbai ne, wani lokaci naira dubu biyu. Maganar ta tayar da ƙura. Wasu masu shirya fim sun fito sun musa, suka ce sun biya ta fiye da haka nesa ba kusa ba. Aka yi ta ja-in-ja a Facebook na kwanaki, kowa yana neman wanda zai ɗora wa laifi. Ni ma na ɗauki waya zan rubuta nawa zagin a kan masu shirya fim, sai rumfar tasha ta faɗo mini a rai, hannuna ya yi sanyi. Ko ma wane ne ya fi gaskiya a kan adadin kuɗin, ni na san adadin da na biya ta: ban biya komai ba.

Tambayar da ta hana ni sakat tun ranar ita ce: ya halatta mutum ya shekara ashirin yana cin moriyar aikin wani, bai biya shi ba, kuma bai ga girmansa ba? Hausawa sun riga sun ba wannan hali suna: cin moriyar ganga a ya da kwaurenta.

Kafin a yi hukunci, ya kamata a san me dattijuwar 'yar wasa take sayarwa. A Ingila akwai wata tsohuwa mai suna Judi Dench. An haife ta a 1934, ta yi makarantar koyon wasan kwaikwayo a Landan, ta fara hawa dandamali a matsayin sana'a a 1957 tare da ƙungiyar wasa ta Old Vic, inda ta fito a matsayin budurwar da ke cikin wasan Hamlet na Shakespeare. A 1976 ta fito a matar Macbeth, a 1987 ta fito a sarauniyar Masar Kiliyofatara. Tana da shekara 60 aka ba ta matsayin shugabar hukumar leƙen asiri a fina-finan James Bond, ta riƙe shi daga 1995 zuwa 2012. A 1999 ta karɓi kyautar Oscar saboda fitowar da ta yi a matsayin Sarauniya Elizabeth ta ɗaya, fitowar da duka-duka ba ta wuce kamar minti takwas ba. Da ciwon ido ya hana ta karatu, sai ya zama ana karanta mata maganganunta tana haddacewa, ta ci gaba da aiki. Sa'arta Maggie Smith, wadda yaranmu suka sani a fina-finan Harry Potter, ta yi aiki har kusan ƙarshen rayuwarta, ta rasu a Satumban 2024 tana da shekara 89.

Wanda ya ji an ba da babbar kyauta saboda minti takwas zai ce an yi son kai. Amma duk ɗan yankinmu ya san amsar. Je ka fadamun Haɗeja, wajen Baturiya ko Guri, ka tsaya kusa da tsohon masunci. Zai kalli launin ruwa da motsin ciyawa ya ce a jefa koma a can, a jefa a fito da tarwaɗa. Kallon bai ɗauke shi minti ɗaya ba, amma shekara arba'in ya yi yana koyon sa. Tsakanin 1957 da fim ɗin da ya jawo wa Judi Dench kyauta akwai shekara 41. Su aka karrama. Haka idan Ladin Cima ta fito a uwar miji, ta gyara mayafi, ta yi shiru na ɗan lokaci kafin ta ce wa ɗanta ya saki matarsa, shirun nan ba a koyon sa a mako guda. Ta san tsawon da shiru zai yi ya tsorata mai kallo, ta san inda zai wuce ya zama gajiya. Wannan shi ne kayan da take kawowa kasuwa, kuma tsufa ƙara masa daraja yake yi.

Kada a ce namu ba su yi makaranta ba. Sun yi, sai dai makarantarsu ba ta ba da takarda. Ajinsu na farko shi ne wasan daɓe na ƙungiyoyin unguwa da na makarantu, inda mai kallo yake zaune gabanka, in ka yi sanyi ya yi maka ihu nan take. Aji na biyu rediyo, inda ba fuska ba kwalliya, murya kaɗai za ta nuna kai tsoho ne ko yaro, mai gaskiya ne ko mazambaci. Aji na uku talabijin: Kaduna tun shekarun 1960, sai NTA Kano, sai CTV da gwamnatin Abubakar Rimi ta kafa a farkon shekarun 1980. Daga wannan makaranta aka samu irin su Ƙasimu Yero, wanda ya rasu a 2017, da Usman Baba Pategi, Samanja Mazan Fama, wanda ya rasu a 2023. Sau da yawa ba a miƙa musu rubutacciyar magana. A faɗa musu inda labari ya dosa, su ƙirƙiro zancen da kansu a gaban kyamara. Fim ɗin Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano a 1990 kuma ake lissafa shi a matsayin mafarin wannan masana'anta, daga 'yan wasan daɓe ya fito. A ɓangaren mata kuwa, mafi yawan 'yan mata aure ne yake raba su da sana'ar tun ba su nuna ba. Saboda haka macen da ta shekara talatin ko arba'in tana yi, abu ce mai wuyar samu, kamar tsohuwar kuka a gona: in ta faɗi, ba mai dasa wata ya ga girmanta.

To me ya sa muke raina su? Dalili na farko da nake ji a majalisa shi ne wai sana'ar ƙarya ce. Wannan magana ba ta tsayawa in aka taɓa ta. Maƙaryaci burinsa kada ka gane. Ɗan wasa kuwa da yardarka yake yi. Kai ka zauna, ka san wannan ba mijinta ba ne, wancan ba gawa ba ce. Mu da muka tashi muna tashe a watan azumi mun fi kowa sani. Yaro ya manna gemun auduga, ya ɗauki sanda yana rawar jiki, dattawan unguwa su yi dariya su ba shi hatsi. Ba wanda ya taɓa kiran sa maƙaryaci. An san yana nuna mana kanmu ne, mu ga rowarmu da son zuciyarmu mu ji kunya ba tare da an kama sunan kowa ba. Abin da Daso take yi wa Goggo ke nan. Kowace mace a tabarmar nan ta san wata kishiya ko uwar miji mai irin halin, wata ma ta san ita ce. Zagin da Goggo take yi shaida ce cewa aikin ya yi kyau.

A nan kuma wani zalunci yake ɓuya: gwargwadon ƙwarewar mace a fitowa a muguwa, gwargwadon yadda muke ɗora mata muguntar. Ba mu kaɗai ba ne. Maƙwabtanmu na Nijar suna da Zalika Souley, wadda ake lissafawa cikin matan farko da suka riƙi fim sana'a a wannan yanki na Afirka. Ta fara a 1966 a wani fim na Moustapha Alassane, ta fito a fim ɗin Oumarou Ganda da ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Wagadugu a 1972. Ta sha fitowa a macen da ta kauce hanya, jama'a kuma suka riƙa kallon ta da wannan ido a zahiri. Da Rahmatou Keïta ta yi fim a kan rayuwarta a 2004, an nuna ta a Yamai cikin ƙuncin rayuwa, daga baya ma aikatau ya fitar da ita ƙasar waje. Ta rasu a 2021. Ƙasarta ta yi suna da fuskarta, ita kuma ta tsufa da hannu wofi.

Na san abin da wani zai ce, domin abokina manomi ya faɗa mini a fuska: "Malam, mu da muke noman riɗi da gero wa ya ba mu fansho? Don me za a ware 'yar fim a yi mata kuka?" Maganarsa tana da nauyi, kuma ba na cewa wahalar 'yar wasa ta fi tasa. Amma akwai bambanci biyu. Na ɗaya, buhun riɗi sau ɗaya ake sayar da shi, sau ɗaya ake cinye shi. Fim kuwa ana sayar da shi yau, a sayar gobe, a sayar bayan mai shi ya kwanta dama. Ni da kaina na sayar da fim ɗaya fiye da sau ɗari daga kwafi guda. Na biyu, tsohon manomi ko da ba shi da ko taro, in ya zo ɗaurin aure ana tashi a ba shi tabarma, ana neman 'yarsa da alfahari. An hana shi dukiya amma an bar masa girma. Tsohuwar 'yar wasa an haɗa mata biyu.

Wani kuma zai ce shi a fahimtarsa fim ɓarna ne ga tarbiyya, saboda haka bai ga dalilin girmama masu yin sa ba. Wannan damuwa ba sabuwa ba ce. Ita ta sa aka kafa hukumar tace fina-finai a Kano a 2001. Mutumin da ya ɗauki wannan matsaya kuma ya kame idonsa, ba ya kallo, ba ya bari a kalla a gidansa, ba ni da ja da shi. Maganarsa da aikinsa sun tafi tare. Rigimata da mu ce, mu masu rinjaye, da muke kallo da dare mu yi tsinuwa da rana. In abin ƙazanta ne, me ya kai shi wayarka? In kuma abin amfani ne har ka ba shi awa biyu na rayuwarka, me ya sa wadda ta yi shi ba ta cancanci gaisuwa ba? Ba a shan romo a ce nama haramun ne. Raini yana da wani amfani da ba ma son faɗa: yana sauƙaƙa ƙin biya. Wanda ka riga ka yanke cewa ba mutumin kirki ba ne, cin haƙƙinsa ba ya hana ka barci. Addininmu kuwa da ya tsananta a kan haƙƙin ma'aikaci bai ce sai ma'aikacin da kake ganin girmansa ba.

Bari in koma fagen da na fi sani, in faɗi yadda kuɗin yake tafiya. A zamanin kaset da faifai, 'yan kasuwar Ƙofar Wambai da Bata a Kano suna buga kwafi su sayar, mai fim ya san abin da ya fita. Da memori da wayar hannu suka zo, kwafi ya zama ba ya cin komai. Abin da ba ya cin komai wajen ninkawa kuwa farashinsa faɗuwa yake yi har ƙasa. Irinmu masu turi muka cinye kasuwar faifai. Masana'antar ta koma talabijin irin su Arewa24, wadda ta fara a 2014, da fina-finai masu dogon zango a YouTube. A YouTube talla ce take kawo kuɗi, kamfanin yana ba mai tasha kashi 55 cikin 100 na kuɗin tallar. Mai tasha ake biya, ba ɗan wasa ba. Ɗan wasa an sallame shi tun ranar ɗauka, ko fim ɗin mutum dubu ne suka kalla ko miliyan biyar. A Ingila ƙungiyar 'yan wasa mai suna Equity, wadda aka kafa a 1930, ita take zama da masu shirya fim a yanke mafi ƙarancin biya da abin da za a ƙara in an sake nuna aiki. Ba wai kowane ɗan wasa a can yana cikin daula ba ne. Akasarinsu su ma lallaɓawa suke yi. Amma akwai takarda. Mu ma dokar haƙƙin mallaka da aka sa wa hannu a 2023 ta san da haƙƙin masu wasa, sai dai doka ba ta aiki a inda aka yi ciniki da baki a gindin bishiya.

Za a ce Ingila ƙasa ce mai arziki, ba a haɗa ta da mu. Gaskiya ne, kuma ba na neman a gina wa kowa gidan wasa irin na Landan. Abubuwan da nake nufi ba su da tsada. YouTube yana ƙirga kowane kallo ɗaya bayan ɗaya. Manhajar da za ta ɗauki wannan ƙidaya ta ware wa kowane ɗan wasa ɗan kasonsa, ta tura masa a asusun banki, ɗalibin jami'a zai iya rubuta ta. Abin da ya rage ba fasaha ba ce, niyya ce. Marubuta kuma su daina ajiye dattijai mata a fitowa biyu, ɗaya ta sa albarka ɗaya ta yi kuka. Su rubuta labarin da tsohuwa ce ginshiƙinsa, domin gidajenmu cike suke da irin waɗannan labarai. Gidajen rediyo da talabijin su juya tsofaffin kaset ɗinsu zuwa kwamfuta tun ƙura da zafi ba su gama da su ba. Na sha neman wasannin da iyayenmu suke ba mu labari a intanet, abin da nake samu guntaye ne masu dishi-dishi.

Sai abu na ƙarshe, wanda ya fi ci mini rai. A sana'armu ta manhaja muna gini a kan aikin mutanen da ba mu taɓa gani ba, waɗanda suka saki aikinsu kyauta ga duniya. Da yawansu babban sharaɗin da suke gindayawa shi ne: yi amfani da shi yadda ka so, amma kada ka goge sunan wanda ya rubuta. Ina kiyaye wannan sharaɗi kamar ido. Amma a rumfar tasha, don fim ya shiga ƙaramin memori, abin da nake fara yankewa shi ne ƙarshensa, wajen da sunaye suke wucewa. Na hana su kuɗi, sannan na goge sunansu don in samu wurin ƙara wani fim. Ba wanda ya sa ni, kuma ba wanda ya taɓa dawo mini da memori ya ce ina sunayen.

Ranar 9 ga Afrilun 2024, ana jajiberin ƙaramar salla, ina gida Birniwa labari ya shigo waya cewa Allah ya yi wa Saratu Giɗaɗo rasuwa a Kano. Na sami Goggo tana tankaɗe na faɗa mata. Ta ajiye rariya, ta yi salati, ta daɗe ba ta ce komai ba. Can ta ce, "Allah ya jiƙanta. Baiwar Allah nan ta sha zagina, ba ta ci mini komai ba."

Bayan salla da kwana biyu ta ce in sa mata wani fim ɗin da Daso take ciki. Na nemo shi a tashar masu shi. Talla ta fito, Goggo ta ce in wuce da ita, na ce ta yi haƙuri ta ƙare. Na san kuɗin tallar ba zai je gidan marigayiyar ba, kuma bai rage komai daga bashin da ke kaina ba. Da fim ya ƙare matan gida suka fara naɗe tabarma, na ce su dakata. Sunaye suka fara hawa. Goggo ba ta karatun boko, sai na riƙa karanta mata ɗaya bayan ɗaya, har da mai riƙe fitila da mai dafa abinci. Da na zo kan sunan, ta ce, "Ashe Saratu take. Sunan yayata ne."